Daga Dawa Zuwa Zauren Majalisa: Tarihin Maharba da Bindigarsu

Shekara hamsin da ɗaya kafin a haɗe Kudu da Arewa a kira su Najeriya, Bahaushe yana riƙe da bindigar gwamnati a Ikko. A 1863 ne wani hafsan sojan ruwan Ingila, John Glover, ya tara wasu Hausawa 'yan kaɗan, galibinsu bayin da suka tsere wa iyayengijinsu a ƙasar Yarabawa, ya sa musu kaki, ya koya musu fareti da harbi. Da su aka yi yaƙin Ikorodu a 1865, da su aka tafi Asante a 1873, da su aka karya Ijebu a 1892. Sojan Najeriya da 'yan sandanta duk suna kai salsalarsu ga wannan 'yar runduna, kuma tsofaffinta na cikin waɗanda suka fara zama a Obalende. Wannan bindiga ce mai lamba, mai ma'ajiya, wadda mai riƙe da ita ke jiran albashi a ƙarshen wata.

Akwai wata bindigar kuma, wadda maƙeri ya ƙera a bayan gari da bututun ƙarfe da ƙotar itace, uba ya mutu ya bar wa ɗansa ita tare da layu da warki. Tarihin masu ita nake so mu bi, domin maharba sun yi wata doguwar tafiya da ba kowa ya lura da ita ba. Sun taso daga dawa, sun ratsa ta fagen yaƙi, ga su yau suna zarya a harabar Majalisar Tarayya a Abuja da takardar ƙuduri a hannu, suna kamun ƙafa wajen sanatoci.

Maharbi bai fara da bindiga ba. Kwari da baka ne makaminsa na gado, shi ya sa har gobe shugabansa Sarkin Baka ne. Bindiga kayan sarakuna ce da farko. Mai Idris Alooma na Borno yana da 'yan bindiga da Turkawa suka horar tun a ƙarshen ƙarni na 16. Tsohon kundin tarihin sarakunan Kano ya nuna an kawo bindigogi daga Nufe a zamanin Sarki Kumbari, sannan Babba Zaki, wanda ya yi sarauta daga 1768 zuwa 1776, shi ya fara ajiye 'yan bindiga masu tsaron lafiyarsa. Jikokin wannan tsari ne muke gani ranar hawan Sallah suna ɓarin albarushi a gaban sarki. Daga bakin teku ta riƙa shigowa, ta Ikko da Badagry da kogin Kwara, hannu zuwa hannu, har ta yi araha ta kai ga talaka.

Sai dai wace iri ta kai gare shi? A 1890 ƙasashen Turai suka zauna a birnin Brussels da sunan yaƙi da cinikin bayi, suka amince a hana shigar da bindigogin zamani cikin mafi yawan Afirka, a bar wa baƙar fata mai ɗurin baki da albarushin kasuwa. Duk wanda ya taɓa tsayawa kusa da mai ɗura adaka ya san abin da wannan yarjejeniya take nufi. Sai ya kafa gindinta a ƙasa, ya auna albarushi a tafin hannu ya zuba ta baki, ya cusa tsumma, ya daddaka da sandar ƙarfe, ya zuba guntayen ƙarfe, ya sake cusa tsumma ya sake dakawa, sannan ya gyara wurin da kunama za ta sara. Harbi ɗaya ke nan. Idan ya kuskure, ko ruwa ya taɓa albarushin, sai ta Allah. Da irin wannan da takubba da mashi aka tari igwa da bindiga mai ruwa a Kano ranar 3 ga Fabrairun 1903, da Sakkwato a watan Maris, da Burmi a watan Yuli. Bature ya ci ƙasa, ya riƙe bindigar zamani a hannunsa da na sojansa, ya bar wa maharbi adakarsa don ya kori gwanki da gursunu daga gona.

Dokar makamai ta 1959, wadda har yau ita ake aiki da ita, ta gaji wannan rabo. Ta kasa bindigogi kashi uku. Manyan makaman yaƙi sai da izinin shugaban ƙasa. Bindigar da mutum zai riƙe don kansa, kamar mai baki biyu, sai da lasisin Sufeto Janar na 'yan sanda. Mai ɗurin baki kuwa tana hannun kwamishinan 'yan sandan jiha. Kundin tsarin mulkin 1999 bai ba kowa haƙƙin mallakar bindiga ba, ya ma sa al'amarin makamai cikin abubuwan da gwamnatin tarayya kaɗai ke da ikon yi wa doka. Mai bindiga a Najeriya alfarma aka yi masa, kuma ana iya janye ta ko da yaushe.

A ƙarƙashin wannan doka maharba suka ci gaba da zamansu na gargajiya, kuma zama ne mai tsari tun kafin a san rajista. Akwai Sarkin Baka, akwai Sarkin Dawa, akwai manya da yara. Maharbi na ainihi shi kaɗai yake shiga daji, ya san sawu, ya san iska, ya san saiwar da ke maganin sara da harbi, mutanen gari suna zuwa wurinsa neman taimako kamar yadda suke zuwa sayen nama. 'Yan farauta kuwa gayya suke yi da rani bayan an kawar da amfanin gona: a buga gangi, unguwa-unguwa su fito da karnuka da gora da barandami, 'yan tauri suna kirari, a kwana biyu ko uku a dawa. A irin wannan fita ba a rasa rigima a kan nama, domin wanda ya fi ƙarfi yakan ƙwace abin da wani ya kashe. Wannan bambanci tsakanin maharbi da ɗan farauta ya kamata a riƙe shi, saboda siyasa ta fara shiga ne ta ƙofar na biyun.

Da aka kafa NEPU a Kano a 1950, jayayya ta yi zafi tsakaninta da NPC da 'yan sarauta, sai kowane ɓangare ya nemi majiya ƙarfi. Ina za a same su in ba cikin 'yan tauri da 'yan farauta ba? Aka yi ƙungiyar da ake kira Jam'iyyar Mahaukata, mai tarwatsa tarurrukan 'yan NEPU, su ma 'yan NEPU suka tanadi masu kare su. Haka aka sake yi a Jamhuriya ta Biyu lokacin santsi da taɓo. Masana da suka bi salsalar 'yan daba a Kano sun kai ta ga waɗannan rukunonin farauta, kuma har yanzu 'yan sandan jihar sukan hana kiɗan gangi idan Sallah ta gabato. A wannan haɗuwa ta farko ɗan siyasa bai tambayi mafarauci abin da ke damunsa ba. Damtsensa ya yi haya, aka gama zaɓe ya sallame shi.

Ana cikin haka daji ya fara ƙarewa. An keɓe Yankari a 1956, Jihar Arewa ta yi dokar kare namun daji a 1963, farin 1973 ya zo ya yi tasa ɓarnar, gonaki suka cinye saura. Wanda ubansa ya harbi ɓauna ya koma bin zomo da gafiya. Da yawa suka nufo kurmi, inda har yanzu akwai duhuwa da nama, wasu kuma suka ajiye farautar suka kama gadi. Mazauna Agege da Idi-Araba da Mile 12 da Ajegunle sun san irin dattijon nan mai ƙaramar rumfa a ƙofar wani kamfani a Apapa, da tocila da carbi da 'yar rediyo, da guru a ƙugu a ƙarƙashin riga. In ka zauna da shi hira ta yi nisa, sau da yawa za ka tarar ɗan gidan maharba ne.

A nan Kudu maso Yamma kuma an ga abubuwa uku da suka zama darasi ga duk mai riƙe da makami yana neman gwamnati ta san da shi. Na farko Agbekoya. A 1968 da 1969 manoman koko na karkarar Ibadan, da yawansu maharba masu adaka, suka ƙi biyan harajin da gwamnatin soja ta ƙara saboda yaƙin basasa. A watan Satumban 1969 suka fasa gidan yarin Agodi suka saki 'yan'uwansu. Sai da Cif Obafemi Awolowo, yana kwamishinan kuɗi na tarayya, ya taka har Akanran ya zauna da jagoransu Tafa Adeoye, aka rage harajin. Buƙatarsu ɗaya ce, a fili take, suka samu suka koma gona.

Na biyu OPC, wadda Dakta Frederick Fasehun ya kafa a 1994 bayan soke zaɓen 12 ga Yuni. Hausawan Legas ba sa bukatar a ba su labarinta. An yi rikicin Ketu da Mile 12 a Nuwamban 1999, an yi na Ajegunle a Oktoban 2000, an yi na Idi-Araba a Fabrairun 2002, an binne mutane daga kowane ɓangare, kuma akwai Yarabawa da suka ɓoye maƙwabtansu Hausawa a ɗakunansu. Gwamnatin Obasanjo ta haramta ƙungiyar. Amma a 2015 gwamnatin tarayya ta ba ta kwangilar gadin bututun mai, a 2018 Alaafin na Oyo ya naɗa jagoranta Gani Adams sarautar Aare Ona Kakanfo, a Janairun 2020 gwamnonin yankin suka ƙaddamar da rundunar tsaro ta Amotekun a Ibadan, wadda ta ɗebi maharba da 'yan sintiri. Ministan shari'a Abubakar Malami ya ce ta saɓa doka, majalisun jihohin suka yi mata doka, magana ta mutu.

Na uku shi ne wanda ya fi shiga ran masu kamun ƙafa, wato Sibil Difens. A 1967 aka kafa ta a nan Legas a matsayin kwamitin 'yan sa-kai masu koya wa jama'a yadda za su kare kansu idan jirgi ya jefo bam. Yaƙi ya ƙare, ba su watse ba. Suka yi shekaru suna ɗinka kaki da kuɗinsu, suna tsayuwa a wurin taro kyauta, suna bin ofisoshi. A 2003 Obasanjo ya sa hannu a dokar da ta mai da su hukuma, a 2007 aka gyara dokar aka ba su damar riƙe makami. Shekara talatin da shida suka jira. Tun daga ranar duk wata ƙungiya mai kaki a Najeriya ta san cewa abin yana yiwuwa: Ƙungiyar 'Yan Sintiri ta Najeriya mai hedkwata a Kaduna, wadda ta yi rajista a 1999, ta kama hanyar Majalisa, haka ma Peace Corps, wadda Shugaba Buhari ya ƙi sa wa ƙudurinta hannu a Fabrairun 2018 bisa hujjar rashin kuɗi da maimaita aikin wasu hukumomi.

Maharba ba su shiga wannan layi da ƙarfi ba sai da Boko Haram ta buɗe musu ƙofa. Bayan sace 'yan mata 276 a Chibok ranar 14 ga Afrilun 2014, ɗaruruwan maharba suka taru a Maiduguri da adaka da kwari da baka, suna roƙon a bar su su shiga Sambisa. Hujjarsu mai sauƙi ce: kafin dajin ya zama sansanin mayaƙa gandun namun daji ne, kuma sun san mashayarsa da hanyoyinsa. Ba a ba su izini a lokacin ba. A ƙarshen Oktoban shekarar Mubi ta faɗi, gari na biyu mafi girma a Adamawa, aka sauya mata suna, jama'a suka watse cikin duwatsu har Kamaru. Cikin makonni kaɗan aka ƙwato ta, kuma mutanen Adamawa ba su ɓoye ba cewa maharba da 'yan banga ne a sahun gaba tare da soja. Daga wannan yaƙi sunan Aisha Bakari Gombi ya fito, mace mai jagorantar maza a daji, har duniya ta san ta. Da Farfesa Babagana Zulum ya hau mulkin Borno a 2019, ya jawo maharba a jiki a hukumance, da motoci da alawus, kusa da 'yan ƙato-da-gora.

Dole a faɗi gaskiya a nan: mutanen nan sun ba da jininsu. Sun fuskanci masu bindigar da ke aman harsashi talatin da makamin da sai an daka kafin ya tashi. Da yawa sun mutu ba fansho, ba diyya, ba ko suna a jikin allo. Idan suka ce ƙasa ta san da su, ba roƙo suke yi ba, bashi suke bi.

To amma wa zai karɓi bashin a madadinsu? A nan ne ƙungiyoyin ƙasa baki ɗaya suka taso, masu ofis a Abuja, da kwamanda janar, da kwamandojin shiyya da na jiha, da kaki da anini. A 2022 Majalisar Dattawa ta amince da ƙudurin kafa majalisar maharba ta ƙasa, wanda Sanata Biodun Olujimi ta Ekiti ta gabatar. Ƙungiyar da ke tura shi, ƙarƙashin Joshua Osatimehin, ta koma kiran kanta hukumar maharba da tsaron dazuzzuka, NHFSS. Buhari ya sauka a Mayun 2023 bai sa hannu ba, aka sake ɗauko maganar a majalisa ta goma. Sun koyi aikin sarai: ziyarar ban-girma ga sarakuna da gwamnoni, naɗa manyan mutane iyayen ƙungiya, taron manema labarai duk lokacin da aka sace mutane a daji, cika zauren sauraron ra'ayin jama'a da mambobi cikin kaki. A Mayun 2025 Shugaba Tinubu ya amince a kafa dakarun tsaron daji masu makami don dazuzzuka 1,129 na ƙasar, amma ya ɗora aikin a kan jihohi da ofishin mai ba shi shawara kan tsaro da ma'aikatar muhalli. Ra'ayin ya karɓu, sai dai ba a miƙa wa ƙungiyar ragamar ba.

Duk mai son ganin inda irin wannan hanya take iya kaiwa, ya dubi Amurka, inda ƙungiyar masu bindiga ta NRA ta zama abin tsoron 'yan siyasa. Ba don siyasa aka kafa ta ba. Wasu tsofaffin hafsoshi biyu, William Church da George Wingate, su suka kafa ta a New York a 1871, saboda takaicin yadda sojojin Arewa suka kasa saiti a yaƙin basasar ƙasar. Kusan shekara ɗari aikinta gasar harbi ne da koyar da mafarauta da yara yadda ake riƙe bindiga ba tare da haɗari ba. Da aka zo yin dokar taƙaita manyan bindigogi a 1934, da ita aka zauna aka daidaita. Bindigar da aka kashe Shugaba Kennedy da ita a 1963 ta hanyar wasiƙa aka saye ta, daga tallan da ya fito a mujallar ƙungiyar. Bayan kisan Martin Luther King da Robert Kennedy a 1968 aka yi sabuwar doka, shugabannin ƙungiyar na lokacin suka haƙura da mafi yawanta.

Wannan haƙuri ne ya fusata wani ɓangare na mambobi. A 1975 aka buɗe sashen kamun ƙafa a majalisa, aka ba Harlon Carter, tsohon shugaban masu tsaron iyakar ƙasar. Tsofaffin shugabanni suka ga abin yana neman fin ƙarfinsu, suka shirya kwashe hedkwata daga Washington zuwa Colorado, su koma harkar farauta da wasanni. A babban taron shekara a birnin Cincinnati, daren 21 ga Mayun 1977, mutanen Carter da abokin tafiyarsa Neal Knox suka zo sanye da hulunan farauta masu ruwan lemo, sun haddace dokokin taro, suka yi ta kawo ƙuduri ana kaɗa ƙuri'a har gab da asuba. Gari ya waye sun sauke shugabannin, Carter ya hau. Ba a harba ko harsashi ɗaya ba. A 1980 ƙungiyar ta goyi bayan ɗan takarar shugaban ƙasa karo na farko, Ronald Reagan.

Makaminta rajista ce da ƙuri'a. Tana da sunaye da adireshin miliyoyin mambobi masu biyan kuɗin shekara. Tana ba kowane ɗan majalisa maki kamar ɗan makaranta, gwargwadon yadda ya kaɗa ƙuri'a a kan bindiga, ta aika wa mambobi kafin zaɓe, su kuwa a kan wannan magana ɗaya tak suke zaɓe. Bayan dokar hana wasu bindigogin yaƙi a 1994, ta taimaka wajen kayar da kakakin majalisar wakilai Tom Foley a mazaɓarsa, abin da ba a taɓa yi wa kakaki mai ci ba tun 1862. A Disamban 2012 wani matashi ya harbe yara ashirin da manya shida a makarantar firamare ta Sandy Hook. Ƙasa ta girgiza, aka kawo ƙudurin faɗaɗa binciken mai sayen bindiga, ya samu ƙuri'a 54 a majalisar dattawa alhali 60 ake nema, ya faɗi. A 2016 ƙungiyar ta kashe sama da dala miliyan 30 don Donald Trump ya ci zaɓe. Ƙarshenta kuma, a Fabrairun 2024 masu taya alƙali hukunci a New York suka samu Wayne LaPierre, wanda ya riƙe ta tun 1991, da laifin ɓarnatar da dala miliyan 5.4 na kuɗin mambobi a kan jin daɗin kansa.

Tsakanin tasu da tamu akwai bambanci babba. Mai bindiga a Amurka yana da ayar kundin tsarin mulki da yake dogara da ita, abin da yake nema gwamnati ta cire hannunta daga kansa. Maharbin Najeriya so yake gwamnati ta sa hannu, ta rubuta sunansa, ta ba shi kaki da albashi. Amma cutar da ta kama waccan tana iya kama wannan, kuma alamunta biyu ne. Ta farko, shugabanci ya yi nisa da mai shiga daji. Duk inda ƙungiya ke jiran doka, kasuwar fom da katin shaida da kaki takan buɗe a gefenta, matasa marasa aiki su biya da fatan gobe za a ɗauke su, wanda bai taɓa kwana a dawa ba ya zama kwamanda, Sarkin Bakan ƙauye kuwa ba a ko gayyace shi taro ba. Kura da shan bugu, gardi da karɓar kuɗi. Ta biyu ta fi muni: ƙungiya ta gane cewa tsoron jama'a shi ne jarinta.

Ba sai mun je Amurka neman misalin ta biyun ba. A Saliyo maharban Kamajo sun tashi don kare ƙauyukansu daga 'yan tawaye, jagoransu Sam Hinga Norman ya zama mataimakin ministan tsaro, daga baya kotun musamman ta tuhume shi da laifukan yaƙi a 2003, ya mutu a tsare a 2007. A Mali, ranar 23 ga Maris 2019, aka kashe Fulani kusan 160 a ƙauyen Ogossagou, aka zargi ƙungiyar maharban Dogon ta Dan Na Ambassagou, ta musanta, gwamnati ta ba da umarnin rusa ta. A Zamfara da Katsina kowa ya san yadda kisan da wasu 'yan sa-kai suka riƙa yi wa Fulani a kasuwanni ba shari'a ya ƙara wa wutar fetur. Duk da haka a Yunin 2022 Gwamna Bello Matawalle ya ce jama'a su nemi lasisin bindiga, za a raba fom 500 a kowace masarauta cikin 19, sai da babban hafsan tsaro Janar Lucky Irabor ya fito ya ce gwamna ba shi da wannan iko. Katsina ta kafa rundunarta ta tsaron al'umma a 2023, Zamfara ta kafa Askarawa a 2024. Sashe na 227 na kundin tsarin mulki ya hana kowace ƙungiya tanadar majiya ƙarfi don cimma burin siyasa, amma wanda ya san tarihin Kano na shekarun 1950 ya san abin da ɗan takara ke gani idan ya kalli matasa dubu masu makami da ke karɓar alawus daga hannun gwamna.

Mu da ke zaune kusa da tashar jiragen ruwa muna da ƙarin dalilin damuwa. A Oktoban 2010 aka kama kwantena goma sha uku a Apapa, an rubuta kayan gini, ciki kuwa rokoki ne da gurneti daga Iran. A Janairun 2017 jami'an kwastan suka tare wata kwantena a hanyar Mile 2 bayan ta riga ta fita daga tasha, da bindigogi 661 ƙirar fam-akshan. A Mayu aka kama 440 a Tin Can, a Satumba 1,100, sannan 470, jimilla 2,671 a shekara ɗaya, mafi yawansu daga Turkiyya. Ba mai adaka ne ya yi odarsu ba, ba shi da kuɗin. Akwai masu jari da ke jiran ranar da katin wata ƙungiya zai zama hanyar mallakar bindigar zamani, kuma a ranar za su fi kowa son maharba.

Abin da maharbi na gaskiya yake bukata ya fito fili ranar 27 ga Maris 2025. Wasu mafarauta 'yan Kano sun taso daga wajen Fatakwal a babbar mota za su gida yin ƙaramar Sallah. A Uromi ta jihar Edo 'yan sintiri suka tsayar da motar, suka ga bindigogin toka, aka yi ihun masu garkuwa da mutane. Waɗanda suka tsira sun ce sun yi bayanin ko su wane ne, ba a saurare su ba. Aka kashe mutum goma sha shida, aka cinna musu wuta. Da yawansu mutanen Torankawa ne a ƙaramar hukumar Bunkure. Gwamna Monday Okpebholo ya dakatar da kwamandan rundunar tsaron jiharsa, ya je Kano ta'aziyya wajen Gwamna Abba Kabir Yusuf. Abin lura, waɗanda suka tare su ma 'yan sintiri ne, mutanen da garinsu ya sha fama da satar mutane, masu neman irin amincewar da maharba ke nema. Shekaru ana kamun ƙafa a Abuja a kan kaki da muƙami, amma ba a samar wa mafarauci takarda ɗaya da ɗan sandan Edo da ɗan sintirin Ondo da Sarkin Bakan Bunkure duk za su gane ta ba.

Ra'ayina shi ne maharba su ci gaba da haɗa kai, su kuma ci gaba da zuwa Majalisa, domin wanda ba ya wurin ba a rabo da shi. Amma su sauya abin da suke nema. Kafin kaki, a nemi rajista ta gaskiya wadda za ta fara daga Sarkin Baka da mai unguwa ta ƙare a ofishin 'yan sanda, da lamba a jikin kowace bindiga. A nemi lasisin da za a girmama a kowace jiha, da ƙa'idar sanar da hukuma kafin ayari ya ɗauki makami ya ratsa garuruwan da ba a san shi ba. A nemi diyya ga matan da 'ya'yan waɗanda suka mutu a Mubi da Sambisa. A rubuta a tsarin ƙungiya cewa mambobi ne za su zaɓi shugabanni, a karanta musu lissafin kuɗi duk shekara, kuma duk wanda ya kai yaransa gangamin ɗan takara da makami a kore shi.

Sarakunan Hausawa na Agege da Idi-Araba da Mile 12 da Apapa, ku ne kuka fi kusa da wannan aiki, domin ta hannunku baƙo ke sauka a kurmi. Ku kira shugabannin mafarautan da ke yankunanku, ku rubuta sunayensu da garuruwansu da dazukan da suke shiga, ku kai su ku gabatar ga sarakunan Yarabawa da kwamandojin Amotekun da manyan jami'an 'yan sanda tun kafin ranin bana ya kama. Ku kuma haɗa murya da gwamnatin Kano a ci gaba da bin haƙƙin mutum goma sha shidan nan na Uromi har sai an hukunta waɗanda suka kashe su.